Littattafan Babila a Rumbun Awaisu Magini

Da asuba, ana sallame salla, Malam Awaisu bai tsaya gaisawa a ƙofar masallaci ba. Ya dawo gida ya ɗauki diga, ya tsaya gaban ƙaramin rumbun da ke bayan ɗakin matarsa Hajjo. Shekara ashirin da shida ke nan da ya liƙe bakin rumbun nan da laka, kuma duk unguwa an san ba hatsi ne a ciki ba. Ya ɗora tafin hannu a jikin rumbun, ya daɗe a haka, sannan ya jingine digar. Ya ce sai 'yarsa Sadiya ta iso.

Malam Awaisu magini ne a wani ƙauye bayan Bakori. Ƙasa yake gini da ita, bai taɓa yarda da siminti ba sai da tsufa ya zo masa. Rumbunan da ya gina daga nan har gefen Danja, da yawansu suna tsaye, masu su kuwa sun riga mu gidan gaskiya. Ba shi da yawan magana. In ka tambaye shi ko katanga za ta yi ƙarko, sai ya ce ka dawo bayan damina uku ka tambaye ta.

Yana saurayi aiki ya kai shi Malumfashi, gyaran katangar gidan wani Balarabe malamin sakandare, mutumin Mosil ta ƙasar Iraƙi, ana ce masa Ustaz Yunus. Lissafi yake koyarwa, amma abin da ke ransa daban ne. Ɗakinsa cike yake da littattafan masana a kan mutanen da suka yi zamani a ƙasarsu tun kafin Annabi Isa, Assuriyawa da mutanen Babila: sarakunansu, yaƙe-yaƙensu, tatsuniyoyinsu. Wata rana ya tarar da Awaisu yana buga bulon ƙasa, sai ya koma ciki ya fito da wani littafi mai kauri, ya buɗe masa hoto.

"Awaisu, duba. Kai da kakannina sana'arku ɗaya."

Awaisu ya goge hannu a wando ya leƙa. Hoton wata 'yar laka ce kamar tafin hannu, jikinta duk tsaga-tsaga.

"Ustaz, wannan ai kaza ce ta bi ta kan bulo tun yana ɗanye. Ni in ta yi min haka, miya take zama."

Ustaz ya yi dariya har da riƙe ciki. Ya ce ba kaza ba ce, wasiƙar sarki ce. Mutanen nan a laka suke rubutu, su fiƙe kara su danna, su shanya a rana. Gari ya ƙone, sarauta ta ƙare, wasiƙar tana nan bayan shekara dubu uku. Wannan magana ta zauna wa Awaisu. Bai taɓa jin an ɗaukaka laka haka ba.

Da Ustaz zai tafi gida hutu, ya zuba littattafan a akwatin katako ya kawo masa har ƙauye a bayan mota. Ya ce gara ta yi yawa a gidan makaranta, kuma bai san wanda ya fi magini sanin maganinta ba. Ya ce zai dawo bayan wata biyu. Yaƙi ya ɓarke a can Iraƙi. Ba wasiƙa, ba saƙo, har yau.

Awaisu ya riƙe amana yadda ya iya. Duk rani sai ya shimfiɗa tabarma a tsakar gida ya jera littattafan su sha iska, ya kakkaɓe su ɗaya bayan ɗaya, ya sabunta tokar da ke ƙarƙashin akwatin. Bai iya Turanci ba, hotuna kawai yake kallo. Akwai wani bijimi mai fukafukai da kan mutum da gemu, wanda Hajjo ta ce kada a ƙara buɗe shi tana cin abinci.

Autarsu Sadiya ce ta fara karanta su. Tana aji biyu a sakandare, ranar shanya, ta ɗauki ɗaya ta zauna a gindin turmi, har rana ta faɗi ba ta ɗaga kai ba. Daga nan kullum. Turancin ya fi ƙarfinta, amma ta nace, tana bi da ƙamus na makaranta. Takan biyo mahaifinta kududdufi inda ake buga bulo ta ba shi labari: wani sarki da ya tara laka mai rubutu har ɗakuna suka cika, wata ambaliya da wani mutum ya tsira daga gare ta a jirgi, kamar dai ta Annabi Nuhu. Shi yana ta aikinsa, amma duk wanda ya yi lebura a ƙarƙashinsa ya san hannunsa kan rage sauri in ta fara.

Sai ta fiƙe karan dawa. A ɗaya daga cikin littattafan akwai jerin alamomin da sautinsu, ta haddace wasu, ta riƙa danna su a bulo ɗanye. Ta nuna masa guda uku ta ce sunansa ne. Ya duba ya ce, "Auta, ashe sunana gajere ne a Babila." Bai hana ta ba. Ya ma riƙa ware mata masu santsin fuska.

Bulon nan ne ya shiga katangar Alhaji Ummaru, mai sayen auduga. Kafin a yi yaɓe, saniyar Alhaji ta faɗi ta mutu, kwana huɗu bayan haka ɗansa ya kwanta zazzaɓi. Wani ya lura da tsaga-tsagan da ke jikin bulon. Aka tara mutane, aka kira Awaisu.

"Magini, mene ne wannan ka binne min a katanga?"

"Wasan yarinya ne, Alhaji. Rubutun mutanen da ne, na Babila."

Da ya ce na Masar ne ko na Sin, da an yi tsaki an watse. Amma Babila kowa ya san ta tun daga makarantar allo, garin Haruta da Maruta, inda aka koyi sihiri. Wani dattijo ya ja da baya yana a'uziyya. Alhaji Ummaru ya ce, "Ka ji da bakinsa ya faɗa."

Liman mutum ne mai hankali, ya ce ba a yanke wa Musulmi hukunci da zato. Amma ya ja Awaisu gefe ya ce ya kawar da abin da ke kawo zaton. Da hannunsa Awaisu ya rushe katangar da ya kwana goma sha ɗaya yana ginawa, mutane na kallo. Rani biyu ba wanda ya kira shi aiki a ƙauyen. Yara suka sa masa suna Na-Babila.

Wasu sun ce ya ƙona littattafan. Ya ce ba nasa ba ne. Abin da ya yi shi ne abin da ya sani: ya gina rumbu ƙarami a kan duwatsu, ya zuba toka da ganyen bedi, wato darbejiya, ya sa akwatin, ya liƙe baki, yadda yake yi wa dawar da ake so ta kai baɗi. Sadiya na tsaye yana yaɓe. Ta ce, "Baba, ko ɗaya ka bar min, mai alamomin." Bai juyo ba. Ya ce ta miƙo masa ruwa. Ta miƙo, kuma ba ta sake yi masa maganar ba. Ta gama sakandare ba yabo ba fallasa, ta yi aure a Funtua, yanzu ɗinki take yi.

Shi kansa ya san rumbun hatsi ana buɗe shi duk shekara, a duba, a ci, a sake zubawa. Ya fi kowa sani. Amma duk rani in ya yi niyya sai ya tuna idon mutane ranar rushe katanga, ya ce baɗi. Alhaji Ummaru ya rasu, yaran da suka sa masa suna suka yi gemu suka manta dalilin sunan, shi yana ta baɗi. Sai bara, da ciwon ƙirji ya kwantar da shi wata guda, ya ce ba zai mutu da kayan mutum a wuyansa ba. Mai su bai dawo ba, wadda ta san darajarsu ita ce ta cancanci riƙo. Ya aika wa Sadiya.

Ta iso da hantsi a kan babur. Bayan gaisuwa ta ga digar, ta ga inda aka jingine ta, ta dubi mahaifinta.

"Auta, kayanki ne. Na daɗe da su."

"Baba, yanzu kuma? Idona ma sai da tabarau nake zura zare."

"Sai ki sa tabarau ɗin."

Bugu uku bakin ya faɗo. Akwatin na nan da siffarsa, amma da ya kama murfin sai ya ruguje a hannunsa. Gara ta hau ta bayan dutse ɗaya, ta gefen da ke manne da katanga, inda ido ba ya kaiwa. Ciki duk jar ƙasa ce mai ramuka. Ya zura hannu har gwiwar hannu yana lalube, ya fito da guntun bango, da wata 'yar takarda da ba ta kai tafin yaro ba, ana ganin ƙafar bijimin nan da gefen fiffike. Shi ke nan.

Hajjo ta ce, "Innalillahi. Malam, ai ka yi iya yinka."

Ya ce, "Ban yi ba."

Ya tattara jar ƙasar da ke cikin rumbun a kwano, ya zuba ruwa, ya kwaɓa a nan tsakar gida. Hannun bai manta aiki ba. Ya buga bulo ɗaya ƙarami, ya shafe fuskarsa da ruwa har ta yi santsi, ya zaro kara daga dangar awaki ya fiƙe da wuƙa, ya miƙa wa Sadiya.

"Yi min sunan nan nawa."

Ta karɓa ta durƙusa. Ta danna sau ɗaya, ta karkata karan ta danna na biyu, ta tsaya. Ta daɗe tana kallon lakar.

"Baba, wallahi na manta."

Ya gyaɗa kai. Ya karɓi karan ya soke shi a danga inda ya zaro shi.

Ni na ɗauke masa baraguzan rumbun da yamma, don na yi masa lebura shekaru da yawa. Bai kai damina ba Allah ya yi masa rasuwa. Ganina da shi na ƙarshe, ya fito da bulon nan mai tsaga biyu ya ajiye a rana, ya ja kujera ya zauna kusa da shi da sanda a hannu, yana korar kaji.