Jakin Goggo

A da, idan baƙo ya zo unguwarmu ta Al-Sih neman labarin yadda kakanninmu suka iso Madina, ni ake kira tafinta. Yanzu kowa wayarsa yake ɗagawa. Faransanci a Yamai na koye shi, na ƙara gogewa a Marseille, kuma na lura Bafaranshe yana son magana tsirararta, Balarabe ya yi mata ado, mu Hausawa mu sakaya.

Wani marubuci Bafaranshe da ya musulunta ya zo Umara, ya neme ni. Littattafansa na abin da ya faru ne, ba ƙagagge ba, yana kuma rubuta fim. Na kai shi wurin Goggo, ƙanwar mahaifina, wadda ta taso daga Damagaram a ƙasa tana yarinya. Ya kunna rikoda.

Da labari ya zo kan jakin da suka taho da shi, Goggo ta ce, "Jakin nan ɗan banza, marar mutunci, a Sudan ya cinye tabarmar sallar babana, ya tsaya yana kallonmu kamar mu muka yi laifi!"

Kunya ta kama ni. Tsohuwa, a birnin Manzo, gaban baƙo? Na ce masa, "Ta ce dabbar ta jarrabe su, suka yi haƙuri." Haka muka yi kwana uku, tana zuba barkono ina tsincewa. Littafi ya fito, Goggo a ciki kamar waliyyiya.

Da ya tashi mayar da shi fim, sai ya dawo da takardu biyu, ɗaya fassarata, ɗaya ta wani. Ashe a fim mutum da bakinsa yake magana, don haka ya ba wani Badamagare a Paris rikodar ya rubuta masa kalma-kalma.

Ya ce, "Alhaji, wacce ce goggonka a cikin biyun nan?"

Shekaru ina tafinta ba a taɓa kama ni da sauya magana ba. Goggo ta tambayi abin da ake ciki, dole na mayar mata da fassarata cikin Hausa.

Ta saurara har ƙarshe, ta ce, "Wace ce wannan salihar? Allah Ya jiƙanta, ban san ta ba." Ta juyo kaina. "Kai ɗan nan, gemu ya yi fari, hankali bai zo ba. Zaki bai ci jakin nan ba, sai kai ka cinye mini shi? Yalla, mayar masa da shi!"

Bafaranshen ya yi dariya har ya cire tabarau. Muka sake zama, na miƙa masa kowane zagi yadda yake, yana tambaya "marar mutunci" ya fi "ɗan banza" zafi ko kuwa. A rubutun fim ɗin jaki ya samu shafukansa, da aka sake buga littafin kuma aka gyara.

Daga ranar na daina yi wa maganar mutane wanka. Abin da aka faɗa, shi nake miƙawa.