Ɗakin 'Yar Filato

Damina biyu bayan an yanko jiharmu daga Kano, tun kafin shekarar sanƙarau, wata 'yar Filato ta kama hayar ɗakin da ke kusa da turken awakina a Yalwawa. Kirista ce, ma'aikaciyar ofishin gona, aikinta leƙen ƙwarin da ke cin hatsi.

Ni ban taɓa zama a aji ba, amma faifan da na saƙa har Ringim ake cigiyarsa. Wata Asabar ta shigo da madubin nan na ofis mai kumbura abu, ta ɗora masa fiffiken malam-buɗe-littafi.

"Mama, leƙa."

"Ke 'yar nan, me zan gani a ƙura?"

Na dai kanne ido na leƙa. Ashe ƙurar da ke maƙale wa mutum a yatsa ba ƙura ba ce. Jeri ne, layi bisa layi, kowanne ya hau gefen ɗan'uwansa, ba zare ko ɗaya da ya kauce. Na ce, "Wa ya yi wannan saƙar?" Ta buga cinya tana dariya, ta ce tambayar da take yi wa abokan aikinta ke nan kullum. Su suna cewa abin a hankali ya yi ta sauyawa da kansa, ita tana cewa da Mai shi. Har Fasto suke kiranta don tsokana.

Shekarar da aka ƙaddamar da shari'a, gari ya ɗauki zafi, baƙi suna ta ɗaure kaya. Sai ga babban ɗana, wanda ba na kama sunansa, ya tsuguna a ƙofar ɗakina.

"Inna, a sallami matar nan. A majalisa ana cewa 'yan kimiyya ne masu cewa biri ne kakanmu."

"Kai ka ji ta faɗa?"

"Ba sai na ji ba, Inna. Duk kanwar ja ce."

"To ni na ji ta, shekara da shekaru. Ita ce ma ke faɗa da masu faɗin hakan. Amma tsaya, kada ka tafi da wannan. Ko da ta ce biri ne, kakanta ta zaga ko nawa, Allah ne zai tambaye ta. Ranar da na kwanta ciwon ƙafa, 'yan majalisarku ne suka ɗebo mini ruwa?"

Ya ce mutane za su yi magana. Na ce su yi, baki nasu ne, gida nawa. Na ja tabarmata na shimfiɗa a bakin ɗakinta, nan na yi ta saƙata har ƙurar ta lafa. Babu wanda ya tsallake ni.

Masu zugar duk sun riga mu gidan gaskiya, Allah Ya jiƙansu. Saura ni, da shi babban, da ita. Tana can garinsu ta yi ritaya, gwiwa ta hana ta hawa mota.