Sunan da Ba Mu Faɗa wa Jami'in Ilimi Ba

Me ya hana ni buɗe baki a ranar nan? Maigidana Malam ya rasu, an yi arba'in an watse, har yanzu ban sami amsar da zan ba kaina ba. Ni ban yi karatu ba. Malama Hadiza mai koyar da aji uku ce ke rubutawa ina faɗa mata, domin ku da kuka kama aiki bayanmu ku san yadda shugabancin makarantar nan ya bar hannunmu.

Ranar ba ta fita daga raina. Wata Talata ce a farkon damina, an gama shuka. A lokacin ni ce mai shara da ɗebo ruwa a makarantar.

Ga wanda bai sani ba, mu asalinmu makiyaya ne, iyayenmu suka zauna a gefen Kutama suka kama noma. 'Ya'yanmu in sun je makarantar cikin gari sai a yi ta tsokanarsu da warin nono, su gudo gida. Shi ya sa mazanmu suka kwaɓa ƙasa suka gina aji biyu, suka ce maigidana, Malam, ya riƙe. Yana da karatun allo da ɗan boko, amma ba shi da takardar malanta.

Da makarantar ta girma, gwamnati ta yarda ta riƙa turo malamai da littattafai, amma da sharaɗi. Dole hedimasta ya kasance mai takardar NCE, wato ta kwalejin horar da malamai, kuma ya taɓa koyarwa. An bar wa waɗanda suka gina makaranta dama ɗaya: kwamitinsu ya kawo sunan nasu mai wannan takarda, a tabbatar da shi. In ba su kawo ba, ofishin ilimi ya turo nasa. Malam ya san zai sauka, bai yi jayayya ba. Shi ne kuma shugaban kwamitin.

Mutum ɗaya ne tak a cikinmu yake da takardar, yana koyarwa a wajen Gammo, ta ƙasar Kabo. Ɗanmu ne na fari.

Ku 'yan yanzu sai an yi muku bayani. A wurinmu iyaye ba sa kiran sunan ɗan fari. Ba sa yabonsa, ba sa nema masa abu a gaban mutane. Tun da na haife shi "wancan" nake ce masa. Malam kuwa in yaron ya shigo gaisuwa, kai yake kawarwa.

Ranar Talatar nan jami'in ilimi ya iso da hantsi a kan babur, da fom a jakarsa. Aka jera benci a ƙarƙashin darbejiya, dattawan kwamiti su biyar suka zauna. Na kawo fura. Ya sha ya ce, "Inna, wannan furar sai ta sa in nemi canjin aiki zuwa nan." Aka yi dariya. Sannan ya ciro biro.

"To Baba, wa kwamiti ya tsayar?"

Malam ya sunkuyar da kai yana zane ƙasa da kara. Ardo, shugaban rugarmu, ya yi gyaran murya.

"Malam, kai ake tambaya."

"Na ji."

Jami'in ya ce, "Baba, ba laifi ba ne fa. Ko ɗan wa ne, ko ƙanin wa ne, in dai yana da takarda, suna kawai nake so. Yau ce rana ta ƙarshe, da yamma zan miƙa."

Kowa a wurin ya san sunan. Amma tun da uba ya yi shiru, sai suka ɗauka ko yana da dalili.

Jami'in ya waiwayo gare ni cikin raha. "Inna, ko ke kin san wani?"

Sunan ya zo har bakina. Na ji nauyinsa a kan harshena. Sai na ce, "Ranka ya daɗe, ni shara nake yi." Na ɗauki ƙwarya na koma gefe.

Ya rubuta, ya karanto mana a fili cewa kwamiti ba shi da wanda zai gabatar. Ya sake tambaya ko haka ne. Malam ya karɓi biro ya sa hannu.

Babur bai gama ɓacewa ba Ardo ya miƙe. "Haba Malam! Kunya ce za ta koyar da jikokinmu?"

"Kai bakinka ciwo yake?"

"Uba na zaune ni in tsallake shi?"

Sati na zagayowa Ardo ya je ofis da kansa. Aka ce takarda ta riga ta fita, sai in kujerar ta sake zama ba kowa. Aka turo Malam Sani daga Gwarzo. Mutumin kirki ne, ban taɓa ganin ya ci zalin yaro ba, har yau kuma shi ne a kai.

Wancan a bakin mutane ya ji labarin. Ya zo da salla ya durƙusa ya gaishe mu, bai tayar da maganar ba, mu ma ba mu tayar ba. Daga baya aka yi masa canjin aiki zuwa nesa, ya kwashe iyalinsa. Jikokina ko ɗaya bai zauna a ajin da kakansu ya gina ba.

Abin da na koya a aikin nan shi ne, jami'i ba ya karanta fuska, abin da aka faɗa shi yake rubutawa. Mutumin nan bai cuce mu ba, sau uku ya tambaya. In aka zo muku da fom, ku faɗi abin da kuka sani, ko da zai yi muku nauyi.

Ni da Malam ba mu taɓa zancen ranar ba sai da ciwonsa ya yi tsanani. Wata safiya ina ba shi kunu, ya ture cokalin ya dube ni. Maganar da ya yi min a lokacin ita ce ta ƙarshe har Allah ya karɓi abinsa. Ya ce:

"Ranar nan ke nake jira. Da kin faɗa, da ban hana ki ba."