Orville Lonebear, Matsoracin Da Ke Dawo Mana Da Matattunmu

Kowace safiya, kafin Orville Lonebear ya shiga shagonsa na kafinta da ke bayan gidansa a garin Lame Deer, sai ya tsaya ya ƙwanƙwasa ƙofa. Shagon nasa ne, makullin yana hannunsa, ya kuma san babu kowa a ciki, amma sai ya ƙwanƙwasa, ya yi gyaran murya, ya ɗan dakata. Daga nan ya ɗaga kai ya duba ko mujiya ta kwana a kan rufi. In bai ga komai ba ya shiga, ya ƙona ganyen al'ul, itacen nan mai ƙanshi, a wani tsohon kasko, ya shafa hayaƙin a fuska da ƙirji, ya ɗora ruwan kofi. Sai kofin nan ya shiga cikinsa hannunsa yake natsuwa har ya iya riƙe zarto.

Duk wanda ya tashi a garin nan ya san Orville matsoraci ne, shi ma bai taɓa musu ba. Yana tsoron tsawa, yana tsoron karen maƙwabcinsa wanda haƙoransa suka zube tun tuni. In ya hango motar 'yan sanda sai ya rage gudu har mai keke ya wuce shi. Gawa kuwa ba a magana. Ranar da aka binne mahaifinsa daga bayan mutane ya tsaya, yana leƙe ta kafaɗar wani. To, wannan mutumin ne mu 'yan ƙabilar Cheyenne, waɗanda Turawa suka tarar a ƙasar nan, muka yi kusan shekara talatin muna aikawa ya ɗauko mana matattunmu.

Kowa a cikinmu ya girma da labarin hunturun 1879 a barikin Fort Robinson. Sojojin gwamnati sun kulle kakanninmu a ɗaki ɗaya, babu abinci, babu ruwa, babu itacen jin ɗumi, don sun ce gara su mutu da a mayar da su kudu inda zazzaɓi ke cinye su. Suka fasa tagogi suka fita cikin dusar ƙanƙara, maza da mata da yara, sojoji suka bi su da bindiga. Abin da iyayenmu ba sa son faɗa da ƙarfi shi ne abin da ya biyo baya: wasu daga cikin waɗanda suka faɗi ba a bar su sun kwanta a ƙasa ba. An kwashi kawunansu da ƙasusuwansu an kai gabas, an rubuta musu lamba, an jera su a kan kanta a gidajen tarihi ana aunawa. Sai da aka fi shekara ɗari kafin doka ta ce a dawo mana da su.

Wata tsohuwa mai suna Almeda, wadda dattawa suka ɗora wa wannan lamari, ita ta je shagon Orville ta ce ya yi musu akwatuna.

"Inna, ni kujera nake yi, da ƙyauren ɗaki," ya ce mata. "Ki je wurin wani. Ni ko maƙabarta na wuce ba na iya cin abinci."

"Na je wurin wasu, ɗana. Duk wanda na tambaya sai ya bugi ƙirji ya ce zai iya. Kai kaɗai ka ce kana tsoro. Wanda yake tsoronsu ba zai yi musu garaje ba."

Ya yi akwatunan da katakon al'ul, bai sa ƙusa ko ɗaya ba. Turakun katako ya fere da hannu, ya ce mutanen nan ƙarfe ya ishe su haka. Ya zaci aikinsa ya ƙare ke nan. Sai Almeda ta gaya masa cewa wanda ya yi akwati shi zai je ya rufe shi, kuma ba za a jefa kakanninmu a cikin jirgi tare da jakunkunan matafiya ba, a mota za a kawo su. Ta gindaya masa sharuɗɗa. Ba a barinsu su kaɗai ko na ɗan lokaci. Duk kogin da za a haye sai an gaya musu sunansa, an kira su, don kada ruhinsu ya tsaya a wancan hayin. Kuma da zarar an buga turaku, babu hannun da zai sake buɗe akwatin har ya shiga ƙasa.

Dattawan da suka raka shi tafiyar farko sun ba da labari. Da aka sauka da su ƙarƙashin ginin wani gidan tarihi, aka jawo kwalaye, Orville ya kalli na farko ya juya da gudu ya shiga banɗaki. Suna jiyo shi yana amai. Ya fito fuska jiƙe, ya durƙusa, ya naɗe kowane ƙashi da jan ƙyalle a hankali kamar mai naɗe jariri, yana ba su haƙuri a kan sanyin hannunsa. Kai ne wannan, Orville. Ka yi amai ka dawo, kuma tun ranar ba ka taɓa cewa a aiki wani ba.

Abokiyar tafiyarsa a yawancin shekarun nan ita ce Verna, ƙanwar matarsa, mace mai baki kamar reza. Wasan da ke tsakaninsu ya fi na kowa zafi a garin. Ita take shiga gidan abinci ta sayo, shi yana zaune a mota yana gadi, ta dawo ta ɗebi kaɗan a ƙaramin faranti ta ajiye wa masu akwati, sannan ta miƙa masa nasa tana cewa, "Ungo, jarumin Yaya, ci ka yi ƙarfin gudu." Daga bakinta na ji abin da ya faru a tafiyar da zan ba ku labari, shi kuma ya ce haka aka yi.

Akwati ɗaya suka ɗauko a waccan tafiyar, ƙarami, wanda bai kai tsawon hannu ba. Yarinya ce da ba ta wuce shekara huɗu ba, cikin waɗanda suka fita ta tagar nan. Orville ya rasa yadda zai kira ta, don a shekaru kakarsa ce, a girma kuma ba ta kai jikarsa ba, sai ya riƙa ce mata ƙaramar kaka. Ya ƙi sa ta a bayan a-kori-kurarsa. Ya lulluɓe akwatin da bargo, ya ajiye a kujerar gaba tsakaninsa da Verna, ya ɗaura mata bel ɗin kujera. Tun a gidan tarihin, da ya buga turke na ƙarshe, Verna ta ji ya ce mata cikin harshenmu, "Shi ke nan, an gama kallonki. Babu wanda zai ƙara buɗewa."

Sun haye Missouri lafiya, ya gaya wa ƙaramar kaka sunan kogin. Da rana tsaka, a wani dogon titi da babu gida babu bishiya, sai farar ƙanƙara dama da hagu, jiniya ta tashi a bayansu.

Motar 'yan sanda ce. Orville ya gangara gefe ya tsaya, ya ɗora hannu biyu a kan sitiyari kamar yadda kowane uba a nan yake koya wa ɗansa. Ɗan sandan matashi ne, Bature, shi kaɗai. Ya karɓi lasisi, ya ce ana safarar ƙwaya a hanyar nan, sannan ya nuna bargon.

"Mene ne wannan?"

"Yarinya ce muke mayarwa gida, ranka ya daɗe," in ji Orville. "Ta rasu tun zamanin kakanni. Daga gidan tarihi muka karɓo ta."

Verna ta miƙa masa takardun gidan tarihin. Ya duba sama-sama ya mayar.

"Takarda kowa yana iya bugawa. In ƙashi ne, ku buɗe in ga ƙashi, ku wuce."

"Ba a buɗewa," in ji Verna. "Ka kira su a waya mana, ga lamba nan."

"Ban tambaye ki ba. Ku fito, ku biyun."

Verna ta fita ta tsaya cikin iska. Ɗan sandan ya ja bargon, ya ga babu murfi mai ɗagawa, babu makulli, sai turaku. Ya koma motarsa ya dawo da ƙarfen cire taya. Orville yana zaune har yanzu, hannu a sitiyari, yana kallon ƙarfen nan yana zuwa. Ya ce ya san sarai abin da ke samun irinmu in suka motsa hannu ba da izini ba a gefen titin da babu shaida. Ya san sunayen waɗanda abin ya samu. Wasunsu ma shi ya yi wa iyayensu kujeru.

Sai ya saki sitiyari ya kwanta a kan akwatin.

Ɗan sandan ya yar da ƙarfen ya zaro bindiga. "Ɗaga hannunka! Tashi daga nan! Na ce tashi!"

Verna ta ce ba ta san muryarta tana da irin wannan ƙara ba. "Kada ka harba! Tsoho ne! Babu komai a hannunsa! Orville, don Allah ka tashi, mijin Yaya, ka tashi, me zan je in gaya mata?"

Bai tashi ba. Ya rungume akwatin da hannu biyu, ya kifa kumatunsa a kan katako, ya juya wa bindiga ƙeya. Ɗan sandan ya damƙi wuyan rigarsa ya fizga, rigar ta yage, mutumin bai motsa ba. Jikinsa yana ɓari har motar tana girgiza. Verna tana ganin bakin bindigar dab da kunnensa, tana ganin yatsan yaron nan shi ma yana rawa, abin da ya fi tayar mata da hankali ke nan. Cikin wannan hali ta ji Orville yana magana ƙasa-ƙasa. Ba da ɗan sanda yake ba. "Kada ki ji tsoro, ƙaramar kaka," yake cewa. "Hayaniya ce kawai. Ina nan. Saura koguna kaɗan."

"Da wa yake magana?" ɗan sandan ya daka wa Verna tsawa.

"Da ita."

Ba ta san tsawon lokacin da suka ɗauka a haka ba. Wata babbar mota ta zo ta rage gudu, direban ya leƙo, ya ƙara mai ya wuce. Iska tana ta kaɗa yagaggiyar rigar. Can ɗan sandan ya ja da baya, ya mayar da bindiga kugu, ya ɗauki ƙarfensa, ya jefa lasisin a kan kujera ya ce su bar masa gundumarsa. Bai ba da haƙuri ba, kuma Verna ta ce kada in kuskura in rubuta cewa tausayi ne ya kama shi, don ita ba ta ga komai a fuskarsa ba. Ya biyo su a baya, hancin motarsa kusan yana taɓa tasu, har iyakar gundumar. Har yau ba su san ko rakiya ya yi musu ko dalili yake nema ba.

Verna ce ta karɓi tuƙi, don Orville ya kasa ko riƙe kofi. Suka yi ta tafiya har suka hango gadar kogin Powder. Nan Orville ya sunkuya kan akwatin, da wata murya da ta dushe, ya gaya mata sunan kogin, ya ce ta biyo su. Haka ya yi a kogin Tongue. Aka binne ta a kan tudu kusa da 'yan'uwanta, da turakun da ya buga da hannunsa, babu wanda ya motsa ko ɗaya.

A watan jiya aka yi masa walimar ajiye aiki a zauren taro, don idanunsa sun fara gazawa, likita ya hana shi doguwar hanya. Aka ci miyar busasshen nama da soyayyen burodi, aka yafa masa bargo. Wani dattijo ya tashi ya kira shi jarumi. Orville ya miƙe da ƙyar ya ce a gyara maganar, don ranar da ɗan sandan nan ya tare su fitsari ya yi a wando, Verna shaida ce. Zaure ya kece da dariya. Verna kaɗai ba ta yi ba. Matar da ba ta taɓa barin ko tuntuɓensa ya wuce ba tare da ta yayata ba, ta riƙe wannan a cikinta duk shekarun nan.

"To, tunda ka tona da kanka," ta ce masa a gaban kowa, "gaya mini abin da ban taɓa tambayarka ba. Kai da kare marar haƙori yake kora, me ya kai ka?"

Orville ya juyo ya dube ta.

"Ranar da suka zo mata da bindiga karo na farko," ya ce, "babu wanda ya rage da rai da zai kwanta a kanta."

Mun gode, Orville. Kai ne direban da bai taɓa barin fasinjansa shi kaɗai ba, kai ne kafintan da alkawarinsa ya fi turakunsa ƙarfi. Mun yi maka dariya shekara da shekaru, muna zaune a gidajenmu masu ɗumi, kana can kana haye koguna da hantar cikinka tana kaɗawa. Mahalicci ya ba ka barci mai daɗi a sauran kwanakinka.

Ku kuma matasanmu, har yanzu akwai namu a kan kantoci a garuruwan da ba su taɓa jin harshenmu ba, cikinsu akwai yara. Hanyar tana nan yadda take, masu jiniya ma suna nan. In kun ji gabanku yana faɗuwa da tunanin wannan tafiya, ku je ku same shi tun yana iya nuna muku yadda ake fere turke. Wani a cikinku ne zai zauna kusa da akwati na gaba.