Inna a Bakin Tukunya

Tsohon da ke zaune a ƙasan benen da na yi haya a Cheetham Hill ɗan Rasha ne. A kan kyamara ƙuruciyarsa ta ƙare, yana ɗaukar finafinan sinima, har ƙasarsu ta wargaje, aikin ya bi ta. Ya biyo 'yarsa Manchester, ita kuma ta yi aure ta yi gaba. Lokacin da na san shi gadi yake yi a wani sito na 'yan sari. Mutum ne mai tsami, ko gaisuwa sai ya ga dama yake amsawa, amma yana son miyar kuka, kuma ta nan muka saba.

A shekarar ne matar yayana ta haihu a Birmingham, Inna ta zo daga gida don suna. Da na gan ta gabana ya faɗi. Ta rame, tafiya kaɗan sai ta nemi bango. Ba mu da wani hotonta na kirki, domin Inna in ta ga kyamara sai ta sandare kamar an kira ta gaban alƙali. Ni kuwa so nake in samu abin da zan riƙe, ita ɗin da na sani, tana motsi, tana faɗa. Shi ya sa na roƙi tsohon ya zo ya ɗauki sunan. Ya goge wata tsohuwar kyamararsa, ya sa kwat, muka hau jirgin ƙasa.

Abin da ban yi masa bayani ba, don ban taɓa zaton abu ne mai buƙatar bayani ba, shi ne bidiyon suna a wurinmu shaida ce. Kowane baƙo sai an nuna fuskarsa, kowace kula sai an buɗe ta, kowace babbar riga sai ta samu rabonta, saboda mutanen gida su ga an yi taro. Yaya ya kama zaure a Edgbaston, ya tara likitoci da malaman jami'a. Tsohon ya kalle su sau ɗaya, ya ce fitilun wurin na asibiti ne, ya sulale kicin inda taga ke kawo hasken rana.

Ashe can Inna ta gudu, ta tuɓe mayafi, ta karɓe ludayi daga hannun masu girki.

Bayan mako biyu muka koma gidan Yaya da aikin. Gajere ne. Ga Inna, tururi na tashi ta gefen fuskarta, tana ɗanɗana miya a tafin hannu tana harara. Ga ta tana dariya har giɓinta ya fito. Ga yatsunta a kan jaririn, bakinta na motsi da addu'a. Kuka na yi ba kunya. Inna tana ɗaki tana barci, ba ta gani ba.

Yaya ya kashe talabijin.

"Ina baƙina?" ya ce da ni. "Consultant guda, babban likita, ya taso tun daga Leeds, ko hularsa ban gani ba. Kuma wannan zan tura gida? A ce na kawo uwata Ingila na sa ta a kitchen kamar 'yar aiki?"

"Yaya, to a bar mini. Ni kaɗai zan riƙe."

"Ke? Gobe yana family group, kowa a dangi ya gani. No way. Ya goge shi yanzu, a gabana."

Na fassara wa tsohon abin da bai ji ba. Na zaci zai yi gardama, shi da ke gardama da mai shago a kan burodi. Bai yi ba. Ya buɗe kwamfutarsa ya goge, ya sa katin kyamarar ya goge shi ma, da hannun wanda ya saba. Ashe ba yau aka fara ba shi irin wannan umarni ba.

A jirgi, da muka kusa Manchester, ya juyo ya dube ni. "A ƙasarmu," ya ce, "in manya suka ƙi fim, ba sa goge shi, a kan kantar ɗakin ajiya suke ajiye shi. Ko su suna tunanin wata rana."

Bai ƙara karɓar miyata ba. Inna kuwa ta koma gida, ba ta ga wata damina ba.

Har yau ban huce ba, kuma ba na jin zan huce. Abin da ya rage mana bidiyon waya ne da wani abokin Yaya ya ɗauka. Kowane baƙo ya fito, kowace kula an buɗe ta. Inna tana can baya a kan kujera, a sandare, kafaɗar wani likita ta rufe mata rabin fuska. Duk shekara, ranar da ta rasu, Yaya yakan tura mana shi, ya rubuta a ƙasa cewa a duba da kyau, ga ta can a hagu.