Shekara Shida Bayan Fauziyya, Ihunta Suke Nunawa

Shekara shida ke nan da muka binne ƙanwata Fauziyya, amma gidan talabijin ɗin da ya ci moriyarta bai bar ta ta huta ba. Makon jiya a trotro, motar haya ta cikin gari, daga unguwar Maamobi zuwa Kokomlemle, wani saurayi ya kunna wayarsa, sai ga muryarta tana ihu, fasinjoji na ta dariya. Ban kai inda za ni ba na sauka.

Ɗinki take yi a unguwarmu Nima kafin ta shiga shirin nan da ake tara matasa a gida ɗaya, kyamara na bin su ko'ina. Ita kaɗai ce 'yar Zango a cikinsu, wato 'yar unguwannin baƙi irin tamu. Ita ke dafa musu waakye, shinkafa da wake, ita ke raba faɗa, amma ba a nuna ko ɗaya ba. Abin da aka nuna shi ne ranar da wani ya ce 'yan Zango duk ɓarayi ne, ta miƙe ta yi masa tatas. Masu shirin suka yanke maganarsa, suka bar ihunta.

Daga nan aiki ya buɗe mata, amma iri ɗaya. Duk shirin da aka kira ta, sai an ajiye wanda zai tsokane ta. In ta amsa a natse, mai shirin ya ce a sake ɗauka, ba wannan Fauziyyar ake so ba. Mutanen unguwarmu kuwa, waɗanda saboda su ta yi faɗan, cewa suka yi ta zubar mana da mutunci. Wasu matan har atamfofinsu suka kwashe daga shagonta. Wannan ya fi ƙona mini rai.

A asibiti, da ciwon ƙoda ya ci ƙarfinta, ta ce mini, "Yaya, ni fa ban taɓa ganin kaina a talabijin ba. Wata suke nunawa da fuskata."

Yau 'yan matan Nima da wayoyinsu suke ɗaukar kansu, su yanke abin da suka ga dama. Na san da tana raye za ta yi musu murna, za ta kuma tambaye su dalilin da har yanzu hoton faɗa ya fi yawo. Na je gidan talabijin ɗin na roƙe su su daina saka wancan hoton. Suka ba ni kujera da ruwan sanyi, suka ce mallakarsu ne.

'Yarta Ummi tana hannuna. A makaranta yara suna kwaikwayon ihun uwarta in ta wuce, har ta daina yarda a ɗauke ta hoto, ko ranar Sallah. Ban yafe wannan ba, ba kuma zan yi ƙaryar na yafe ba. Amma wani lokaci abu kan ba Ummi dariya ta ƙyalƙyale har ta riƙe ciki, sai in ajiye abin da nake yi in saurara. Dariyar Fauziyya ce sak. Duk shekarun da ta yi a gaban kyamara, ba wanda ya ga wannan dariyar ta cancanci a nuna ta. Allah Ya jiƙanta.