Hannun da Na Yanke

Ƙarfe huɗu da kwata na la'asar abin ya fara lalace mini. Ina gaban ordinatar, wato kwamfuta, warin fumfunar tsofaffin kaset bai bar yatsuna ba, sai ga fuskar mahaifiyata a allo.

Kawu ne mai bidiyo a Madarounfa lokacin ƙuruciyata. Biki ko suna, daga Safo har Gabi, shi ake zuwa ɗauka a babur. Bayan rasuwarsa na kwaso akwatinsa saboda aikin kammala karatuna: in yanko guntayen tsofaffin hotuna, in jera su, in rage musu gudu, har su faɗi abin da mai ɗaukarsu bai nufa ba.

Ni ɗiyar fari ce, a ɗakin Kaka na tashi. Ina tuna damina, tafki ya cika, hayaƙin bandar kifi ya kama kayanmu, ni kuwa ina leƙen mahaifiyata ta ramin zana tana sussuka. Ba ta taɓa kiran sunana ba. "Waccan ta ci?" Iyakarta ke nan. Kaka ta ce kunya ce, haka ake yi. Mahaifiyata ta rasu ban isa tambayarta ba.

A cikin kaset ɗin, duk inda na matso kusa da ita ina ƙarama, sai ta kau da kai. Na jawo fuskar ta cika allo, na zubar da sauran. Na cire kiɗa da guɗa. Na maimaita, na sake maimaitawa, har fim ɗin ya zama mace guda tana juya fuska ba iyaka. Malaminmu ya yaba ƙwarai. Ni kuwa na kasa zama wuri ɗaya. In buɗe littafi, in rufe, in koma ga fuskar. Kunya ce, ko dai ba ta so na?

Na tambayi Baba. Ya ce, "Allah ya jiƙanta," ya ɗauki hauyarsa.

Yanzu ƙawayena na rungumar ɗan fari gaban surukai, har su ɗauki hoto a waya. Waɗanda suka san yadda ake karanta irin waccan kunyar suna ta ƙarewa. Shi ya sa na hau mota na tafi wurin Inna, ƙanwar mahaifiyata, na ajiye mata ordinatar a tabarma.

Ta kalla, sannan ta yi tsaki.

"Ke 'yar boko, ina sauran jikin Yayata? Mai da hoton yadda Kawunku ya ɗauka."

Na mayar. Ga taron mata, ga ni tsaye a gefenta, ga fuskar ta kau.

"Inna, ta so ni kuwa?"

Ta ɗora yatsa can ƙasan allon, inda hannun mahaifiyata na hagu ya zagayo ta bayan zani ya riƙe bakin rigata.

"Fuskar ta mutane ce, ɗiyata. Naki shi ne wannan, kuma shi kika yanke."